Kafin Mu Hau Bas Zuwa Tiga

Tun da aka liƙa sanarwar yawon buɗe ido na 'yan ajin ƙarshe a allon ƙungiya, hirar da ake yi a hostal da teburin mai shayi ba ta wuce abu biyu ba: nawa za a biya, kuma wa zai zo da sifika. Wurin zuwa kam an riga an tsayar, Tiga. Ni dai zaɓen ya yi mini daɗi, don a ganina duk faɗin jihar Kano babu inda ɗalibin da jarrabawa ta gama wujijjigawa zai je ya sha iska kamar can. Sai dai na lura yawancin waɗanda suka rubuta sunansu ba su san Tiga ba sai a littafin sakandare, inda aka ce "dam ne babba", shi ke nan. Wasu ma har sun fara cika baki a kan wanda zai riga wani ninƙaya zuwa tsallake. Wannan cika bakin ne ya sa na ɗauki biro.

Mahaifiyata 'yar wani ƙauye ce da ke bakin ruwan, kuma ƙanenta, Kawu, masunci ne tun kafin a haife ni. Yawancin hutun da na yi ina yaro a can na yi shi. Yanzu kuma da nake sashen safiyo, furojet ɗina na kammala difloma a kan wani lungu guda na wannan ruwa na yi shi, wato inda ruwan ya kutsa cikin tudu ya yi kamar aljihu, ƙasa ta kewaye shi ta gefe uku. Irin waɗannan lungunan ne baƙi suke so, saboda ruwansu a kwance yake, ga inuwa, ga wurin shimfiɗa tabarma. Kusan na tabbata a irinsu za a sauke mu.

Tiga ba tafkin Allah da Annabi ba ne, mutane ne suka tare kogi. An gina madatsar tsakanin 1971 da 1974, zamanin gwamna Audu Bako, wanda ya mulki Kano daga 1967 zuwa 1975, kuma aikin ya zo daidai da shekarun farin nan da dattawa har yau ba su daina ba da labarinsa ba. Ginin na ƙasa ne da aka tara aka danne, tsawonsa wajen kilomita 6, tsayinsa mita 48. An tsara shi ya riƙe ruwa kusan kubik mita biliyan 2, kuma in ya cika yana rufe fili mai faɗin murabba'in kilomita 178. Lambobi ba sa shiga kai sai ka tsaya a kan madatsar ka duba kudu, ka ga idonka ya gaji bai kai ƙarshe ba. Gani ya kori ji.

Kogin Kano ne yake ciyar da shi. Yana gangarowa daga tsaunukan kudancin jihar, ya ratsa dajin Falgore, ya zube a nan. Abin da aka saki daga madatsar kuwa, wani ya bi babbar hanyar ruwa ta siminti ya tafi gonakin noman rani na Kadawa da Kura da Bunkure da Garun Malam, wani ya bi tsohon kogin ya haɗu da Challawa, su zama kogin Haɗeja. Ranar tafiya, in mun bi titin Zariya mun wuce Kura, ku leƙa ta taga ku ga shinkafa, ku ga kwandunan tumatir a Kwanar Gafan in lokacinsa ne. Duk wannan ruwan Tiga ne ya koma abinci. Har ruwan famfon birni, ranar da aka ga dama aka kawo shi, yana da rabo a ciki. Amma fa ba kowa ne ya ci riba ba. Mutanen fadamun Haɗeja da Nguru, waɗanda noma da su da kiwonsu suka dogara ga ambaliyar shekara-shekara, sun ga ambaliyar ta ragu bayan an tare kogin, sannan ruwan da ake saki rani da damina ya ba kacalla dama ta toshe musu hanyoyin ruwa. Ina da aboki ɗan wajen Guri a ajinmu, in ana yabon Tiga shiru yake yi. Wannan wata magana ce mai tsawo, ba ita na zo yi ba.

Abin da na zo yi shi ne bayanin yadda lungu yake, don wanda bai san yadda aka yi shi ba ba zai gane inda haɗarinsa yake ba.

In ka duba Tiga a taswira za ka ga ba zagayayye ba ne kamar kwano. Ya fi kama da tafin hannu mai yatsu barkatai. Dalili kuwa shi ne, kafin a tare kogin, ƙasar nan tudu ce da kwari, ga ƙoramu da rafuka suna gangarowa daga ko'ina suna zuba a kogi. Da ruwa ya taru sai ya koma da baya, ya bi kowane kwari ya cika shi. Kowane lungu da kake gani yau, kwarin wata ƙorama ne da ruwa ya haɗiye. A sashenmu akwai layin da muke zanawa a taswira wanda yake haɗa duk wuraren da tsayinsu ɗaya, mun sha wahalarsa a shekarar farko, wasu har yau ba su yafe wa malamin ba. To bakin ruwan dam shi ne wannan layin, a fili, ba a takarda ba. Ruwa ba ya karkata. Duk inda bakinsa ya taɓa, tsayin wurin ɗaya ne da na tsallake. Ranar da na fahimci haka a bakin ruwa, ranar ce kwas ɗin ya zauna mini.

Lungun da na auna gefensa biyu ba iri ɗaya ba ne, kuma haka yawancinsu suke. Gefe guda dutse ne, irin manyan duwatsun nan masu sulɓi da suka cika ƙasar Rano, ya gangaro ya nutse cikin ruwa kai tsaye. Ɗaya gefen kuma fili ne mai gangara a hankali, tsohuwar gona. Lissafin mai sauƙi ne. In ƙasa tana sauka mita 1 a cikin kowace mita 50, to duk lokacin da ruwa ya ragu da mita 1, fili mai faɗin mita 50 zai fito. A gefen dutse kuwa ruwan zai ragu da wannan mita 1 ɗin, amma da ƙyar za ka ga bakin ya matsa, sai dai farin zane da ya bari a jikin dutsen. Shi ya sa wanda ya zo a watan Oktoba, lokacin da ruwa yake cike bayan damina, in ya dawo a watan Mayu zai rantse ba nan ya zo ba. Bishiyar da ya zauna a gindinta yana wasa da ruwa da ƙafa, yanzu sai ya yi tafiya mai ɗan nisa daga gare ta kafin ya jiƙa tafin ƙafarsa. Tun daga ƙarshen damina ruwan yake ja da baya, wani an sake shi ga manoma, wani rana da iskar hunturu sun shanye. Abin da rana kaɗai take ɗauka daga buɗaɗɗen ruwa a ƙasarmu ya kai wajen mita 2 a shekara.

Filin da ruwa ya bari shi ne tarko na farko. Samansa yana bushewa ya tsattsage, ka ga kamar za a iya buga ƙwallo a kai. Ƙarƙashinsa taɓo ne. Yaran ƙauyen sun san inda ake takawa, shanu ma sun sani, baƙo ne kawai yake lumewa har gwiwa ya fito babu takalmi ɗaya. Wannan abin dariya ne in a tudu ya faru. In a cikin ruwa ne, ruwan ya kai maka ƙirji sannan taɓo ya riƙe ƙafa, babu dariya a ciki.

Tarko na biyu shi ne wanda ya fi ba ni tsoro, kuma shi ne ainihin abin da furojet ɗina ya nuna. Ƙoramar da ta haƙa kwarin ba ta tafi ko'ina ba. Tana nan a ƙarƙashin ruwa da gaɓarta, kamar yadda take kafin 1974. Mun auna da Kawu a cikin kwale-kwalensa, da igiya da muka ɗaure wa dutse muka yi mata ƙulli a kowace mita, ni kuma ina ɗaukar lambar wuri da waya. Daga gefen gona, za ka yi ta tafiya ruwa yana hawa a hankali, idon sawu, gwiwa, ƙugu, har ka saki jiki ka ce ai wurin nan babu zurfi. Sai kawai a taku ɗaya ƙasa ta ƙare. A wurin da muka gwada, tsakanin inda sandar tuƙi take taɓa ƙasa da inda igiya ta shige ƙulli biyar ba ta tsaya ba, bai fi tsawon kwale-kwalen ba. Daga sama kuwa babu wata alama. Ruwan launinsa ɗaya, kwanciyarsa ɗaya.

Na ce, "Kawu, ku yaya kuke gane wurin ba igiya?"

Ya ce, "Kai ɗan boko, mu da muka san gonar wane ce a nan? Ka ga tsamiyar can? Ka ga dutsen can mai kan tulu? In ka daidaita su, kana kan rafin. Babanmu a nan yake shayar da jakinsa."

Wato taswirar tana kansa, gadonta ya yi. Shi bai ga rafin da idonsa a matsayin babba ba, yana ƙarami aka tashe su, amma an nuna masa, shi ma yana nuna wa 'ya'yansa. Ni na kwashe makonni da waya da igiya da kwamfuta na fitar da abin da yake faɗa a numfashi ɗaya. Malamin da yake duba aikina ya ce in sa sunan Kawu a shafin godiya, na ce ai ko bai faɗa ba.

Bayan rafin akwai kututture. Ba duk bishiyoyin aka sare ba kafin ruwa ya zo, kuma itacen da yake nutse a ruwa yana daɗewa bai ruɓe ba. Kifi yana son wurin, shi ya sa masunta suke kafa kalli a kusa, ragar nan da ake shimfiɗawa a bar ta ta kwana. Zarenta siriri ne, ba a ganinsa a ruwa. Mai ninƙaya in ya sa ƙafa a ciki, iya ƙoƙarinsa na fita iya ƙara nannaɗewa. Wanda kuma ya hau dutse ya yi tsalle da ka saboda a ɗauke shi bidiyo, bai san ko kututture ne yake jiransa ba.

Sai sanyi. Da bazara saman ruwan ɗumi gare shi kamar an dafa, amma rana iya sama take dafawa. Ruwa mai ɗumi ya fi sauƙi, sai ya zauna a sama, mai sanyi ya kwanta a ƙasa, ba sa cakuɗuwa sosai sai iska ta yi ƙarfi ko hunturu ya sanyaya saman. Wanda ya faɗa rafin da na ambata, ba zurfi kaɗai zai tarar ba, har da sanyin da zai sa numfashinsa ya sarƙe, jijiyar ƙafa ta ɗaure. Yawancinmu da muke cewa mun iya ruwa, a kududdufin unguwa muka koya, ko a wurin wanka na otal inda bango yake kusa. Hausawa sun ce iya ruwa fid da kai. Ba su ce iya ruwa tsallake Tiga ba.

Kuma wanda ruwa yake ci ba ya ihu kamar a fim. Bakinsa yana shiga ruwa yana fita, ba shi da iskar da zai kira kowa, hannuwansa suna dukan ruwa a gefe. Daga nesa sai ka ɗauka wasa yake. Ga sifika tana tashi, ga kowa da waya a hannu. Abin yana ƙarewa cikin ɗan lokaci kaɗan. Sau da yawa kuma mutum biyu ake rasawa, don abokinsa zai faɗa ya cece shi, shi kuma ya riƙe shi da ƙarfin mai neman rai. Masunta ba sa faɗawa haka nan. Sanda suke miƙawa, ko igiya, ko su jefa gora ko jarka.

Kar wani ya ce na zo ɓata wa mutane tafiya. Wallahi ina son wurin nan fiye da duk wanda zai hau bas ɗin. Ina so ne mu je mu dawo adadinmu.

Akwai kuma wani abu da ba a cika faɗa wa masu yawon buɗe ido ba: lungun da muke kira wurin shaƙatawa, wurin aikin wasu ne. Tun kafin alfijir masunta sun fita duba kalli da mamari. Da hantsi su dawo, mata da 'yan kasuwa su tare su a bakin ruwa, a baje karfasa da tarwaɗa da ƙurungu da ragon ruwa, ranar sa'a a ga giwan ruwa. Kafin azahar matan ƙauye sun sauko da wanki da wanke-wanke, kuma suna da gefensu da maza ba sa zuwa. Da rana ta take Fulani su kawo shanu, su ma suna da mashayarsu, hanya ce da aka sani, ba a shimfiɗa tabarma a kanta. Filin da ruwa ya janye kuwa, kowane taku da mai shi. Manoma suna bin ruwan da shuka yayin da yake ja da baya, masara, wake, dankali, kankana, wani ya sa ɗan injin ban ruwa ya yi albasa. Abin da baƙo zai gani kamar ciyawa ce ya ajiye mota a kai, wataƙila shukar wani ce ta sati biyu. Babu shinge, babu allo, amma akwai doka, kuma akwai Sarkin Ruwa da mai unguwa da suke riƙe da ita.

Na sha zama a gefen 'yan ƙauye ina kallon baƙi sun zo, don haka na san yadda muke a idonsu. Mota ta tsaya, a fito ba sallama. A kunna kiɗa har shanu su ƙi sauka. Wani ya ɗaga waya yana ɗaukar matan mutane suna wanki, wai yana ɗaukar "rayuwar karkara", gobe a gan su a TikTok. Wani ya hau kwale-kwalen da ya tarar a ɗaure don ya yi hoto, bai san cewa wannan katakon shi ne jarin gida guda ba. In an tashi a bar ledar ruwa da robar lemo da kwalin taliya, iska ta kwashe su ta zuba a ruwa, saniya ta ci leda ta kumbura. Mutanen ba sa cewa komai, kunya da haƙuri sun yi musu yawa. Sai bayan motar ta tafi ka ji wata tsohuwa ta ce, "Su kuma waɗannan 'yan makarantar ina ne?" Ba na so amsar ta zama sunan makarantarmu.

Abin da yake ba ni haushi shi ne, ba wuya gyaran yake da ita ba. Mutum biyu daga shugabannin ƙungiya su riga mu zuwa da kwana ɗaya ko biyu, su gaida mai unguwa, su nemi Sarkin Ruwa, su ce ga ranar da za mu zo, ga yawanmu, ina ya dace mu sauka? Da ɗan gari akan ci gari. Za a nuna musu inda ƙasa take da tauri, inda babu raga, inda ba hanyar shanu ba. A ɗauki masunta biyu ko uku a biya su kuɗin yininsu su zauna a kwale-kwale kusa da mu. Kuɗin ba zai kai na hayar sifika da janareta ba, na yi lissafi.

Tunanin mayar da ruwan nan wurin hutu ba sabo ba ne. Gwamnatin da ta gina madatsar ta gina otal a Bagauda, a bakin ƙaramin dam ɗin can, ta kuma gina wani a kan dutse a Tiga, Rock Castle. Na Bagauda yanzu ya zama reshen Kano na makarantar horar da lauyoyi ta ƙasa. Wato tun shekaru hamsin da suka wuce wasu sun hango cewa Bakano ma yana buƙatar inda zai je ya zauna ya kalli ruwa. Abokanmu na sashen yawon buɗe ido kullum maganarsu a gina manyan otal, a kawo jiragen ruwa masu gudu. Ni ban yarda nan ne farko ba. Jirgi mai gudu a lungu, raga zai yanka, ya kori kifi, igiyar ruwansa ta kifar da ƙaramin kwale-kwale. Abin da wurin yake nema ƙanana ne: banɗaki, rumfa, wurin zuba shara, tuta ko jarka mai launi da za a ɗaure a kan layin rafin don kowa ya ga iyaka, da 'yan ƙauyen da aka koya wa ceto aka ba su albashi. In baƙo ya biya kuɗin shiga, ya zama wani kaso ya tsaya a ƙauyen. Mutanen da aka tasa daga gonakinsu saboda ruwan nan, su ne ya kamata su fara cin moriyar kallonsa.

Sai maganar da samari ba sa so a yi a gaban 'yan mata, amma dole a yi ta: tsargiya. Fitsarin jini. A ƙauyukan bakin ruwa an saba da ita har wasu suna ɗaukarta alamar balaga ce ga yaro, alhali cuta ce. Wata tsutsa ce da ido ba ya gani, tana girma a jikin ƙananan dodon koɗi da suke zama a ruwa mara gudu, mai ciyawa, mara zurfi. Ku duba wannan siffar da kyau, ai lungu ke nan. Tsutsar tana fita daga dodon koɗin ta shiga ta fatar mutum, ba sai ya sha ruwan ba, tsayawa a ciki ma ya isa. Ba a ganin alama ranar, sai bayan makonni, wani da zazzaɓi da ƙaiƙayi, wani sai ya ga jini a ƙarshen fitsari. Tana da magani, praziquantel, kuma yana aiki, amma wanda ya bar ta shekaru tana iya lalata masa mafitsara. Mata ma tana kama su. Don haka wurin da ya fi kama da aminci, bakin ruwa mai ciyawa inda ake cewa "mu dai a nan gefe za mu tsaya", shi ma da nasa. Wanda ya shiga ruwa ranar, in ya ga wani canji bayan wata ɗaya ko biyu, ya je asibiti ya faɗa musu ya shiga ruwan dam, kar ya tsaya shan maganin maleriya.

Kwale-kwale kuwa, na san ba za a hana mutane hawa ba, ni ma ba zan so a hana ba, don wanda bai shiga tsakiyar lungu ya waiwayo ya ga duwatsu ta baya ba, bai ga Tiga ba. Amma duk ɗan Kano ya tuna Bagwai. A ƙarshen Nuwamban 2021 jirgi ya kife a dam ɗin Watari, ya taso daga Badau, mutum sama da 20 suka rasu, yawancinsu yara 'yan Islamiyya da za su je Mauludi. Allah ya jiƙansu. Abin da aka yi ta faɗa bayan nan shi ne lodi ya yi yawa. Mu ɗalibai kuwa mun iya lodi, duk wanda ya taɓa ganinmu a A Daidaita Sahu ya sani. In mai jirgi ya ce mutum shida, shida ne, ko da na bakwai ɗin shugaban ƙungiya ne. Ba a miƙewa tsaye, ba a taruwa gefe guda don hoto. Ina roƙon kwamitin tafiya, cikin kuɗin da muka biya a nemo rigunan ruwa ko guda goma ne, a riƙa shiga rukuni-rukuni, wanda bai sa ba ba ya hawa. In ba a samu rigunan ba, a bar jirgin a ɗaure.

A kuma kula da sama. Lungu yana ɓoye iska, tudu ya tare ta, sai ka ga ruwa lumui kamar madubi, amma da ka fita bakinsa ka shiga babban ruwa labari ya canza, don can iska tana da filin gudu na kilomitoci. In tafiyar ta faɗo farkon damina, hadarinmu daga gabas yake tasowa, kuma iskarsa tana riga ruwan sama isowa. Masunci yana ganin gabas ta yi baƙi zai juya. In ya ce a koma, kar wani ya ce masa "Baba, ɗan ƙara mana zagaye ɗaya, za mu ƙara kuɗi." Haka nan kusa da madatsar kanta da babbar hanyar ruwa ta siminti, ba wurin wanka ba ne sam. Ruwan yana da ja, bangon kuma gansakuka ta sa shi santsi, wanda ya zame ba shi da abin kamawa.

To me ya rage a yi, in an cire duk wannan? Da yawa. A hau dutse da sassafe ko bayan la'asar, da takalmi mai kama ƙasa, a ga yadda yatsun ruwan suka shiga tsakanin tuddai. 'Yan sashenmu su zo da taswira, zan nuna muku rafin da ke ƙasa, ku gwada da idonku ko za ku iya gano shi. Masu son tsuntsaye za su ga belbela tana bin shanu, zalɓe yana tsaye a ruwa da ƙafa ɗaya kamar an dasa shi, da yamma kirinjijiya su wuce a jere suna kuka. A nemi wani dattijo a zauna da shi a tambaye shi yadda aka tashe su da inda aka mayar da su, za ku ji tarihin da babu shi a laburare. 'Yan mata su samu gefensu da rumfarsu, su ma su sake, ba sai sun yini suna gadin jakunkunan samari da raba abinci ba kamar yadda aka saba.

Kifi kuma a saya a hannun masu shi. Ku je da hantsi lokacin da jirage suke dawowa, kafin 'yan sari su kwashe. Ku duba ƙarƙashin kunnen kifin, in ja ne jawur kuma idonsa garau, na yau ne. Akwai matan da za su gyara su soya muku a wurin, da ƙuli da yaji da albasa, a kan kuɗi kaɗan. A yi ciniki, amma kar a yi irin na Kantin Kwari, mutumin nan tun ƙarfe huɗu na dare yake cikin sanyi. Wanda zai kai wa gida tsaraba ya sayi banda, ita ce za ta jure zafin bas. Direba kuma a gaya masa tun da wuri cewa ƙarfe biyar za mu tashi, don hanyar da ta fito daga bakin ruwa zuwa babban titi ba ta daɗin bi da duhu.